Farin Karas a Cikin Yashin Ɗakinka

Zuwa ga ƙanina, Autan Inna,

Sallama irin ta wadda ta daɗe ba ta sa ɗan'uwanta a ido ba. Ina roƙon Allah Ya sa takardar nan ta same ka cikin ƙoshin lafiya kai da iyalinka, Ya tsare ka a kan dogon injin ɗaga kayan nan da kake hawa a bakin teku, Ya sa kullum ka sauko lafiya kamar yadda ka hau. Allah Ya raya mana 'yan biyu, Ya ƙara wa mamansu haƙurin zama da kai, don ni da na goya ka na san ba ƙaramin aiki ba ne. Amin.

Mu nan sai godiya. Mijin yayarka yana nan a rumfarsa ta gyaran firji, har yanzu yana dawowa gida da baƙin mai har gwiwar hannu, ya rasa inda zai jingina sai kan kayan mutane da na goge. Ni kuma ina nan da wankina da gugata, sai dai bayana ya fara tuna min shekaruna. 'Yan matan sun girma, Babba ta fi ni tsawo, tana sa takalmina ba tambaya, Ƙarama kuma ta ɗauko bakin Gwaggo kaf. Ita Gwaggon, tun da ta dawo gidan Baba da zama bayan rasuwar Inna, ta ƙwace madafa da makullin sito da rediyo. Kullum suna cikin faɗa ita da ƙanen nata kamar ba su tsufa ba, kuma ina ganin faɗan ne ke riƙe da su. Baba yana cin abinci, yana fita ƙofar gida. Amma rawar hannun nan da na gaya maka ta ƙaru. Yanzu da hannu biyu yake riƙe kofin shayi, kuma rabin kofi ake zuba masa.

Na san za ka ce me ya kai Yaya rubuta wasiƙa alhali ga waya a hannun kowa. To, ai na san ka. In na kira na fara maganar da ba ka so, nan da nan sai ka ce iska ta yi yawa ba ka jina, ko ka miƙa wa 'yan biyu su yi ta rera min waƙa har in manta abin da na kira in faɗa. Takarda kuwa ba ka da yadda za ka yi da ita. Ka nemi wuri ka zauna ka karanta har ƙarshe, labarin irin da ka aiko zan ba ka.

Ka tuna 'yar takardar irin da ka ba direba ya kawo min, wadda wani abokin aikinka ya ba ka, ka ce in kai wa Baba amma kada in ce daga wurinka ta fito? To, na faɗa. Tun kafin in zauna na faɗa, ka yafe ni, bakina bai iya irin wannan ajiyar ba. Baba ya karɓa ya juya ta gaba da baya, ya daɗe yana kallon hoton da ke jiki, sannan ya sa a aljihun gaba. Na koma gida ina cewa a raina shi ke nan, an yi wa aljihu kyauta. Bayan kwana uku na zo na same shi a bayan shagonsa, inda Inna take shanya a da, ya kafa turaku ya ja igiya, yana auna ƙasa da tef kamar mai shirin sa ƙofa. Kunya huɗu ya yi, a miƙe sak, ka san kafinta ba ya son karkatacciyar aba. Sunan da aka rubuta a takardar, daikon, ya gagari bakin Gwaggo. Ta gwada sau biyu ta ce ita ba za ta karya harshenta a kan saiwa ba, farin karas ne. Sunan da ya bi shi ke nan har a unguwa.

Wata biyu Baba yana bauta wa kunyoyin nan. Shi da kofi ke ba shi wuya, sai ga shi da ƙaramin bokiti safe da yamma, rabin ruwan a ƙasa rabi a ƙafarsa, kuma ya hana kowa ya taya shi. Abin kuwa ya karɓi ƙasar gidanmu. Ganye ya yi kore shar, sannan kawunan suka fara turo ƙasa suna leƙowa fari tas. Ranar da ya ciri na farko, Auta, tsawonsa ya kai daga gwiwar hannuna zuwa tsintsiya, kaurinsa sai na haɗa hannu biyu nake zagaye shi. Maƙwabta suka yi ta shigowa kallo. Na yanka na ɗanɗana, ga ruwa, ga garas-garas a haƙori, ga wani ɗan yaji da ke hawa hanci ya sauka. A miya kuwa yajin ɓacewa yake yi, ya yi laushi ya sha romo. Kowa ya ci ya yaba, ban da Baba, ya ce shi ba ya jin ci tukuna. A lokacin ban kawo komai a raina ba.

A satin ne ka ce min an ba ka hutu, za ka zo daidai lokacin cira. Na gaya masa, washegari kuwa ya aika aka kira masa mai aski, ya sa Gwaggo ta share ɗakin baƙi. Ya ciri kunya biyu a rana ɗaya don ka tarar da su a shirye. Sai ga kiranka, wai an ɗage hutun. Na rasa bakin da zan gaya masa, na yi ta kewaye-kewaye har ya ce in faɗi abin da ya kawo ni. Da na faɗa, sai ya dubi tarin da ke tsakar gida ya ce to, a adana su har ka zo. Nan fa ake yin ta, don babu ɗayanmu da ya taɓa ajiye abin nan, takardar kuma ba ta faɗi komai ba sai yadda ake shukawa. Muka yi ta musu, ni da mijina da Baba, kowa ya ce shi ya sani. Gwaggo ta gaji ta raba tarin uku, ta ce kowa ya ɗauki nasa ya je ya nuna gwanintarsa, ita ta sa ido.

Bari in fara da kaina, kafin wani ya ba ka labarin da ƙari. Shekara ashirin ina wankau, idona ba ya ganin farin abu da ƙasa a jiki ya ƙyale. Na zuba nawa a baho, na sami sabon buroshi na dirje su ɗaya bayan ɗaya, har 'yan jijiyoyin jikinsu na kankare, saura kaɗan in sa musu bula. Ganyen kuwa na bar shi a kai don ya yi musu kyau. Na jera su a kan teburin guga kamar kayan da za a zo karɓa, na ɗauki hoton nan da na turo maka ka yi ta dariya. Kwana huɗu ina shiga ina fita ina kallonsu ina jin daɗi. A na biyar na ɗaga ɗaya, sai ya lanƙwashe a hannuna kamar jiƙaƙƙiyar safa. Ashe ganyen nan ko an cire shi daga ƙasa bai daina sha ba, ruwan jikin saiwar yake zuƙewa. Duk inda buroshina ya ƙuje fatar kuma ya yi baƙi ya fara ruɓewa. Na kwashe na kai wa mai awakin bayan layi, su ma awakin sai da suka shinshina suka yi shawara.

Mijin yayarka ya yi min dariya har da riƙe ciki. Ya ce matsalata rashin sanin sanyi, wai duk abin da ke duniya sanyi ne ke riƙe shi. Ya kwashi nasa ya kai rumfa, ya zuba a wata ƙatuwar firiza da ya gama gyarawa mai ita bai zo ɗauka ba, ya murɗa ta har ƙarshe. Sati guda yana cika baki, duk wanda ya zo rumfar sai ya ɗauko ɗaya ya ƙwanƙwasa a ƙarfe a ji ƙara. Ranar da mai firizar ya zo da mota, ya kwaso su a buhu ya kawo gida, kafin yamma buhun ya fara tsiyaya. Muka buɗe, sun narke sun yi tuɓus, in ka matsa ruwa ya zube ya bar maka fata a hannu. Ya tsaya yana sosa ƙeya yana cewa laifin wuta ne, wutar da ko ƙyaftawa ba ta yi ba duk satin. Har yau in ya fara cika baki a kan wani abu, 'yan matan sai su tambaye shi ko a kunna firiza.

Na Baba ne ban yi dariyarsa ba, ko da yake shi ma sana'arsa ce ta ja shi. Ka san yadda yake ajiye ƙarafan aikinsa in damina ta kama, a cikin busasshiyar dusar katako don kada su yi tsatsa. Haka ya yi wa nasa kason. Ya cika tsohuwar durowa da dusar da ta shekara a shago, ya binne su ɗaya ɗaya, ya rufe. Dusar kuwa ta yi aikinta, ta shanye ruwansu tas. Da muka tona bayan kwana goma, sun yamutse sun ƙanƙance, sun ɗauki warin katako. Ya riƙe ɗaya yana jujjuyawa a hannun nan mai rawa, sai na ga kamar ya ƙara tsufa a gabana. Ya ce saura kunya biyu a ƙasa, su ma in sun ƙara sati cikinsu zai zama soso, ke nan a cira su lalace, a bari su lalace. Rannan bai ci abincin rana ba, ya zauna a ƙofar shago har inuwa ta juya. Kai kuma a yammacin ranar ka kira ka ce hutun ya sake matsawa.

Yanzu ka ji inda sauƙi ya fito. Ka tuna tulin yashin da aka juye a gefen tanki lokacin da ake shirin gina maka ɗaki, aka ja bulo layi uku aka tsaya? Yana nan inda ka bar shi, a inuwar katanga, tankin yana ɗigar masa ruwa, kullum da ɗan danshi da sanyi. Washegari Gwaggo ta aike ni in ɗebo mata yashin goge gindin tukunya. Na zura hannu, sai na taɓa wani abu mai tauri mai sanyi. Na ja da baya da salati, na zaci wani mugun abu ne. Na sami itace na tona, sai ga farin karas, babu ganye, ƙasar lambu a jikinsa. Na ƙara tonawa na sami biyar. Na karya ɗaya a gwiwa, ya ce ƙas, ruwa ya fantsamo min a fuska, ka rantse yanzu aka cire shi.

Na shiga da su ina murna ina tambayar wanda ya binne. Gwaggo ta ce ba ita ba ce. Baba ya sunkuyar da kai, sai da na matsa masa ya faɗa. Ranar cira, ya loda baro yana turawa, daidai tulin yashin hannun ya ƙi, baron ya kife, shi ma ya bi shi ya faɗi, gefen yashin ya zubo a kansu. Ya daɗe a zaune kafin ya iya tashi. Ya tsince waɗanda ya gani, ya kakkaɓe rigarsa, bai gaya wa kowa ba don kada mu hana shi lambun. Ganyen da ya leƙo waje kuma akuyar maƙwabta ta bi ta cinye. Gwaggo ta yi masa faɗan da tun suna yara ba ta yi masa irinsa ba, tana yi tana share ido da bakin mayafi. Da ta gama ta ce to mun dai gani, faɗuwa da akuya sun fi mu ukun nan ilimi. Kowa ya yi dariya har shi. Ni kuwa na zagaya bayan shago na yi kukana, don na hango shi zaune a ƙasa shi kaɗai, babu ɗayanmu da ya sani.

Washegari tun daga bakin layi na jiyo ƙarar guduma, ƙarar da na fi shekara ban ji ba a gidan nan. Akwati zai yi, don yashin ya zauna wuri ɗaya, kaji da akuya kada su tona. Mijina ya ce a yi da katakon da ke jingine a bayan shago, Baba ya ce kada wanda ya taɓa, na ƙofar ɗakinka ne. Maimakon haka teburin aikinsa ya ɓaɓɓalle, wanda ni da kai muka yi wasa a ƙarƙashinsa, wanda har yanzu akwai shatin zartonka a gefe tun ranar da ya fara koya maka. Na tambaye shi to a kan me zai riƙa aiki, ya ce wane aikin. Ni na riƙe masa ƙusa. Sau uku yana samun kan ƙusar, na huɗu ya sami babban yatsana. Farcen ya yi baƙi har yanzu, kuma ban bari ya gani ba. Kwana biyu muka yi a kan abin da a da yake gamawa kafin shayinsa ya huce. Akwatin ya ɗan karkace a gefe ɗaya, amma ba wanda ya isa ya faɗa.

Ga yadda muka yi da kunya biyun da suka rage, ka riƙe, ko za ka gaya wa abokin naka mai iri. Muka cira da sassafe ƙasa na da sanyi, a hankali don kada su karye. Nan take muka yanke ganyen, muka bar ɗan guntu kamar faɗin yatsa. Ba a wanke ba. Gwaggo ta ɓoye buroshin, ta ce in na kusanci baho za ta ɗaure min hannu a baya. Da tafin hannu kawai ake share ƙasar. Duk wanda ya tsage ko fartanya ta sara aka ware shi gefe, don mai rauni ɗaya yana iya ja wa na kusa da shi ruɓa. Aka shimfiɗa yashi a ƙasan akwatin, mai danshin da in ka dunƙula zai haɗu amma ba zai ɗiga ba, aka kwantar da su a jere ba mai taɓa wani, aka rufe da yashi, aka sake wani jeren, har sama. Akwatin yana nan a cikin bulon ɗakinka, a kusurwar da rana ba ta kaiwa, an rufa masa jiƙaƙƙen buhu. Duk bayan kwana biyu Baba yana yayyafa masa ruwa. A nan dai rawar hannun ta yi rana, babu wanda ya kai shi iya yayyafi, shi da kansa ya faɗa.

Waɗanda aka ware kuma ba a zubar ba. Gwaggo ta yanka wasu siri-siri kamar ashana, ta baza a kan ragar waya a rana tana juyawa. Kwana biyar suka bushe suka yi ruwan ƙasa, cikin baho guda ya koma cikin tafi biyu. In an jiƙa su a ruwa sai su kumbura su dawo, har da wani zaƙi da ɗanyen ba shi da shi. Sauran ta yanka manya-manya, ta mulke da gishiri, ta danna a roba mai murfi, ta ɗora faranti da dutse a kai. Wannan ya yi daɗi, amma Auta, wari! Ranar da ta buɗe, maƙwabcinmu tela ya leƙo ta katanga ya tambaya ko ɓera ne ya mutu mana. Yanzu shi ne kullum ke miƙo kwano ta katangar.

Da na ga busasshen ya yi kyau, sai dabara ta zo min. Na ce wa Baba tunda hutunka ya ƙi, bari in ƙulle busasshen in ba direba ya kai maka, ka ga ka ci abin lambun, hankalin kowa ya kwanta. Tun ina budurwa ban ga ya ɓata rai da ni haka ba. Ya ce in aika wa duk wanda na ga dama, amma ban da kai, naka yana cikin akwati, kuma shi zai miƙa maka. Na shiga madafa ina gunaguni, ina cewa tsufa ya fara sa shi rigima. Gwaggo ta dube ni sama da ƙasa ta ce ashe duk wankin da nake yi bai taɓa kaiwa cikin kaina ba. Ta ce in tuna abin da ya faɗa maka a ƙofar shago ranar da ka tafi.

Wallahi sai da na nemi wuri na zauna. Ina wurin ranar, ni na kawo muku abinci. Ka ce masa ba za ka ƙare rayuwarka kana shaƙar dusar katako ba, ka sami aiki a bakin teku. Shi kuma ya ɗaga hannunsa na dama a gabanka ya ce tunda ka raina aikin hannun nan, ba za ka ƙara cin abin da ya fito daga cikinsa ba. Ka ajiye zarton ka fita, abincin da na kawo ya huce a kan tebur ba wanda ya taɓa. Shekara shida ke nan. Ka zo rasuwar Inna ka sauka a gidana, ko loma ba ka ci a gidan Baba ba, kuka gaisa kamar maƙwabta. Duk saƙonku ta bakina yake bi. Gwaggo ta ce ƙanenta ba zai taɓa buɗe baki ya ce ya janye ba ko za a yanka shi, haka ubansu yake. Amma hannun nan yanzu ba ya iya kujera, ba ya iya ƙofa. Abu ɗaya da ya iya fitarwa a bana shi ne farin karas ɗin nan, daga irin da kai ka aiko. Shi ya sa har yau bai kai ko yanki ɗaya bakinsa ba. Jira yake ka fara ci.

Ban rubuto don in ɗora maka laifi ba. Na san maganar ta yi maka ciwo, na ga fuskarka ranar, kuma na san kai ma ba don lambu ka aiko da irin nan ba. Taurin kanku ɗaya kai da shi, har tafiyarku ɗaya, ni kuma na gaji da zama a tsakiya. Ina son ku ku biyun, kuma ina kewarka, har wani lokaci in ina guga na zo kan riga mai faɗin kafaɗarka sai in tsaya da ita a hannu. Ban sani ba ko da gaske hutun ake ɗagewa, ko ƙafarka ce ta yi nauyi. In na biyun ne, wannan karon bakina zai riƙe ajiya, na yi maka alkawari. Amma ka sani babu wanda zai tayar da tsohuwar magana. Ba sai ka ce komai ba, shi ma ba zai ce ba. Zama kawai za ka yi a kan benci ka miƙa hannu.

Abin da ya sa na ce ka karanta har ƙarshe shi ne, yashin ma yana da iyakarsa. Yau sati bakwai suna ciki. Sanyi ya fara ja da baya, da rana bulon yana ɗaukar ɗumi. Shekaranjiya na zaro ɗaya a ɓoye na yanka, gefensa yana nan garas, amma tsakiyar ta fara zama kamar auduga. Kawunansu kuma sun fara toho, kuma kowane toho daga jikin saiwar yake ci. Kullum da safe Baba yana zuwa ya buɗe yashin sama a hankali ya bi su ya tsinke tohon da farce. Akwai wani babba da ya fi duka, wanda ya sa a kusurwa shi kaɗai, ba sai an gaya maka na wa ne ba. Jiya na same shi a tsugune a gabansa, tohon ya fito kore, yatsunsa suna ta kewaya shi sun kasa kamawa. Da ya ji tsayuwata sai ya janye hannun. Ya ce ko a bar shi kawai ya tsira, a mayar da shi ƙasa ya yi fure ya ba da iri, in ya so baɗi sai in shuka, ai ya ga na fara iyawa. Bai ce mu shuka ba, Auta, cewa ya yi in shuka. Na tsuguna na sa baƙin farcen nan nawa na tsinke tohon, na mayar da yashi na rufe, na ce masa ba a kai baɗi ba tukuna. A ganina zan iya riƙe shi sati huɗu, in Allah Ya taimaka biyar. Bayan haka ba ni da sauran dabara.

Don haka kada ka kira ni ka ce kwanan nan. Ka je wurin shugaban naku ka tsaya a gabansa har ya tsayar maka da rana, ka aiko min da ranar, ita kawai nake so. Ko kwana uku ne sun isa. In da hali ka taho da 'yan biyu su ga kakansu, in babu ka taho kai kaɗai, da rigar da ke jikinka ma ya yi, ni zan wanke ta.

Ka gaishe min da Maman 'yan biyu da kyau, ka ce mata na gode da haƙuri, kuma ta karanta takardar nan in ta ga kana nauyin jiki. Ka shafa min kan yaran, ka ce musu waƙar ta isa haka, su zo su rera a gabana. Ka gaishe da abokin aikinka mai iri, ka ce masa wata rana ya riƙa haɗawa da bayani. Mijina yana gaishe ka, ya ce in kun haɗu zai ba ka labarin firizar da bakinsa, kada ka yarda da ko kalma ɗaya. Babba da Ƙarama suna gaishe da kawunsu, tela ma ya ce a sa sunansa. Gwaggo ta ce a gaishe ka, kuma ta ajiye maka robar gishirin guda, in ba ka zo ba za ta aiko maka da ita a buɗe.

Da zan rufe takardar na je na tambayi Baba ko yana da saƙo. Ya ce babu. Har na kai bakin ƙofa sai ya kira ni, ya ce in tambaye ka, da ɓawonsa kake so ko a fere maka. Wuƙar tana nan a kan akwatin, tun makon jiya ya wasa ta.

Allah Ya kawo mana kai lafiya.

Ni ce yayarka da ta goya ka,
mai wanki da baƙin farce.